Me ya sa Dolly Parton ta shafe shekara sittin ana sauraronta?

"Assalamu alaikum Baba. Mahaifina marigayi ya bar mana akwati cike da kaset-kaset, kuma a cikinsu na sami guda shida na wata Ba'amurkiya mai suna Dolly Parton. Da na duba hotunanta a intanet sai na ga mace mai tulin gashin kanti da kwalliya fiye da kima, na kasa gane abin da ya haɗa dattijo mai kamun kai irin mahaifina da waƙoƙinta. Ni ma ina ɗan rubuta waƙa ina rerawa a situdiyo. Tunda ka daɗe kana gabatar da irin wannan kiɗa a rediyo, don Allah wace ce ita, kuma me ya sa ta daɗe haka ana sauraronta? Murya ce, kyau ne, ko sa'a ce kawai?"

Wa alaikumus salam 'yata, Allah ya jiƙan mahaifinki, ya kai haske kabarinsa. Tambayarki gida biyu ce: kina son sanin tarihin matar, kina kuma son sanin abin da ya riƙe ta a sama tun 1959 da ta fara naɗar faifai har zuwa yau, alhali sa'o'inta da dama an manta da su. Abubuwa ukun da kika lissafa duk tana da su gwargwado, amma a ganina akwai na huɗu da ya fi su nauyi, kuma ban gano shi da kunne ba, da biro na gano shi.

A zamanin da nake gabatar da shirin zaɓe na waƙoƙin ƙasashen waje, doka ce a tasharmu duk faifan da ka sa sai ka cika takarda: sunan waƙa, sunan wanda ya rera, sunan wanda ya rubuta, da tsawon mintuna. Sunan marubuci yana nan da ƙananan haruffa a ƙarƙashin sunan waƙar, a kan zagayayyar takardar da ke tsakiyar faifan garmaho, sai ka karkatar da shi wajen fitila kafin ka iya karantawa. Yawancin mawaƙa, maza da mata, sunan da ke gidan mai rerawa daban ne da wanda ke gidan marubuci. Idan na zo kan wannan mata kuwa, sau da yawa sai in ga ina rubuta Parton sau biyu a layi ɗaya. Ki riƙe wannan a ranki, domin a kansa amsar ta rataya.

Inda ta fito

An haifi Dolly Rebecca Parton ranar 19 ga Janairun 1946 a gundumar Sevier ta jihar Tennessee, a gindin tsaunukan Smoky, cikin bukkar katako mai ɗaki ɗaya. Ita ce ta huɗu cikin 'ya'ya 12. Mahaifinta, Robert Lee Parton, ya fara da noma a gonar wani ana raba amfani, daga baya ya sami ɗan filinsa yana noman taba yana haɗawa da aikin gini, kuma har ya bar duniya bai iya karatu da rubutu ba. Kamar yadda take bayarwa, da buhun garin masara aka sallami likitan da ya karɓi haihuwarta. Waƙa ta gado ta daga ɓangaren uwa: mahaifiyarta Avie Lee tana rera tsofaffin waƙoƙin labari da kakanninsu suka zo da su daga tsibiran Birtaniya, kakanta Jake Owens kuma fasto ne a cocin da ake yawan kiɗa da waƙa.

Daga irin wannan muhalli kiɗan kantiri ya fito, wato kiɗan talakawan karkarar kudancin Amurka. An haɗa waƙoƙin labari na Turawa da waƙoƙin coci da salon baƙaƙen fata, ana kaɗa jita da goge da banjo, ita banjo ɗin ma bayin da aka kwashe daga Afirka ta Yamma ne suka ƙera ta a can bisa samfurin kayan kiɗa masu tsirkiya, dangin molo da gurmi. Wannan yana cikin abin da ya sa mahaifinki da tsararrakinsa suka rungumi kiɗan. Katunan zaɓen da ke zuwa mini daga malaman makaranta da ma'aikatan gwamnati da direbobin manyan motoci sunaye huɗu suka fi maimaitawa: Jim Reeves, Don Williams, Kenny Rogers da Dolly Parton. Turancinsu a fili yake, kiɗan ba hayaniya, maganar kuma ta uwa ce da gida da talauci da tsoron Allah da amanar aure. Mahaifinki a kaset ya san ta, kuma kaset ba ya nuna kwalliya.

Tana shekara 10 ta fara fitowa a shirin rediyo da talbijin na wani ɗan kasuwa mai suna Cas Walker a birnin Knoxville, da taimakon kawunta Bill Owens wanda ya saya mata jita ta farko ta gaske. Tana 13 ta naɗi faifanta na farko, ta kuma hau Grand Ole Opry na Nashville, dandalin da ya fi kowanne daraja a kiɗan kantiri, inda fitaccen mawaƙi Johnny Cash ya gabatar da ita. Ta gama sakandare a 1964, washegari ta hau bas zuwa Nashville, cibiyar wannan kiɗa. Ranar da ta sauka ta haɗu da Carl Dean a bakin wani shagon wanki, suka yi aure ranar 30 ga Mayun 1966. Mutumin ɗan kwangilar shimfiɗa kwalta ne, ba ruwansa da taro ko 'yan jarida, kuma suna tare har ya rasu a watan Maris na 2025. Allah bai ba su haihuwa ba, sai dai sun riƙe wasu daga cikin ƙannenta.

Shekara bakwai a inuwar wani

Ki lura da yadda ƙofa ta buɗe mata. Kamfanin Monument da ya ɗauke ta a 1965 ya ga muryarta siririya ce kamar ta yarinya, sai ya tura ta waƙoƙin matasa na zamani, abin ya ƙi ci. Sai a 1966, da wani mawaƙi Bill Phillips ya rera waƙar da ita da kawunta suka rubuta ta shiga goman farko a jerin waƙoƙin kantiri na mujallar Billboard, sannan aka bar ta ta yi irin kiɗan da ta tashi a cikinsa. Alƙalami ne ya nemo wa murya izini.

Ba fili ne mai sauƙi ga mace ba. Sai a 1952 Kitty Wells ta zama mace ta farko da ta kai matsayi na ɗaya ita kaɗai a jerin, Patsy Cline ta rasu a haɗarin jirgin sama a 1963 tana shekara 30, Loretta Lynn da Tammy Wynette kuma suna ta nasu faɗi-tashin. Tsarin da aka saba shi ne kowane babban mawaƙi yana da "yarinyar waƙa" guda a ƙungiyarsa, ta fito ta rera ɗaya ko biyu ta koma gefe. A wannan gurbi Porter Wagoner ya ɗauki Dolly a 1967, a shirinsa na talbijin na mako-mako, ta maye gurbin wata mai suna Norma Jean. Da farko 'yan kallo sunan Norma Jean suke kira idan Dolly ta fito. Wagoner ya tsaya mata, ya kai ta kamfanin RCA, suka yi ta fitar da waƙoƙin haɗin gwiwa masu kasuwa, ta zama cikakkiyar mamba a Opry a 1969. Ba adalci ba ne a hana shi wannan yabo. Sai dai shi gani yake shi ne ubangida, shi ke da ta cewa kan abin da za ta rera da yadda za a naɗe shi, ita kuma waƙoƙin da take rubutawa sun riga sun fi ƙarfin gurbin da aka ba ta. Ta ce shekara biyar ta yi alkawari, ta yi bakwai.

A cikin waɗannan shekaru ta rubuta waƙoƙin da har yau su ake fara ambata. "Coat of Many Colors" ta 1971 labarin rigar sanyi ce da mahaifiyarta ta ɗinka mata da tsummokaran da aka ba su kyauta, tana ɗinki tana ba ta labarin rigar Annabi Yusuf kamar yadda ya zo a littafinsu, yarinya ta tafi makaranta tana taƙama da rigarta, yara suka yi mata dariya. A bayan rasit ɗin wankin kayan Wagoner ta rubuta ta cikin motar tafiya wasa, don ba ta sami takarda ba. Duk wanda ya taɓa zuwa makaranta da kwancen yayansa ba ya buƙatar tafinta. Sai "Jolene" ta ƙarshen 1973, wadda kullum nake kwatanta ta da waƙoƙin da matanmu ke yi a bakin turmi. A wajenmu mace idan ta hango mai neman mijinta habaici take yi, ta kushe ta daga kai har ƙafa. A wannan waƙa matar gida yabon kyan abokiyar hamayyar take yi, ta amsa cewa ba za ta iya ja da ita ba, sannan ta roƙe ta ta bar mata mijinta. Kishi ne aka juyo shi ta baibai, cikin ƙasa da minti uku, kan kiɗan jita guda da ke zagayawa kamar zuciyar da ta kasa kwanciya.

Ta uku ita ce "I Will Always Love You", wadda jama'a ke ɗauka waƙar masoya ce. Sallama ce ga Wagoner. Ya ƙi sauraronta duk lokacin da ta kawo maganar tafiya, sai ta rubuta waƙar ta shiga ofishinsa ta rera masa. Ta bar shirin a 1974, waƙar ta kai matsayi na ɗaya a shekarar. Rabuwar ba ta zo da daɗi ba: a 1979 ya kai ta kotu yana neman dala miliyan 3 kan karya yarjejeniya, aka sasanta a wajen kotu. Daga baya sun shirya, tana cikin waɗanda suka je gefen gadonsa kafin rasuwarsa a 2007.

Ranar da ta ce a'a

A nan nake so ki nutsu, tunda ke ma kina rubutawa. Kowace waƙar da aka naɗa tana da haƙƙin mallaka iri biyu. Akwai haƙƙin sautin da aka naɗa, wanda a wancan zamani yawanci na kamfanin faifai ne, shi ya biya situdiyo da makaɗa. Akwai kuma haƙƙin waƙar kanta, wato baituka da kari, wanda na marubuci ne da kamfanin da ke kula masa da ita. Na farkon faifai guda ya shafa. Na biyun yana bin waƙar duk inda ta je: duk wanda ya sake rera ta, duk tashar da ta sa ta, duk fim ɗin da ya ɗauke ta, sai an biya mai ita, kuma a Amurka akwai ƙungiyoyi irin su BMI da aikinsu ke nan, su tattaro kuɗin su raba. Takardar nan da nake cikawa a tasha, asalinta domin wannan lissafi aka ƙirƙiro ta. Mawaƙa masu tasowa sukan sayar da haƙƙi na biyun don kuɗin hannu. Dolly da kawunta tun a shekarun 1960 suka kafa nasu kamfanin kula da waƙoƙi mai suna Owe-Par, tana 'yar shekara ashirin da 'yan kai.

Gwajin ya zo ne lokacin da Elvis Presley, wanda a lokacin babu mawaƙin da ya kai shi suna a Amurka, ya so ya rera waƙar sallamar nan. An gama magana har an gayyace ta situdiyo, sai manajansa Kanar Tom Parker ya ce ƙa'idarsu ita ce Elvis ba ya rera waƙa sai an ba su rabin haƙƙin mallakarta. Ta ce ba za ta bayar ba. Ta sha faɗa cewa ta kwana tana kuka, mutanen da ke kusa da ita kuma suna ganin ta yi wauta. A 1982 ta sake naɗar waƙar da kanta, ta sake kai ta matsayi na ɗaya. A 1992 Whitney Houston ta rera ta a fim ɗin The Bodyguard, ta yi mako 14 a saman jerin waƙoƙin Amurka baki ɗaya, ta zagaye duniya, har a garuruwanmu ana sa ta a wajen biki, mutane da yawa ba su san ma wata 'yar ƙauyen Tennessee ce ta rubuta ta ba. Kason marubuci da na mai mallaka gaba ɗaya ya tafi wajen Dolly. Sa'ar da kika ambata ta zo, amma ta tarar da takardu a hannun mai su.

Murya, kwalliya, da kurakurai

Muryarta ba mai faɗi ba ce irin ta Whitney. Siririya ce mai ɗan rawa a ƙarshen baiti, kana ji ka san ita ce, kuma ta dace da mai ba da labari. Kwalliyar kuwa da gangan ce. Ta ce ta kwaikwayo ta ne daga wata mata da ake zunɗe a garinsu, wadda ita a idon yarinta take gani ta fi kowa kyau, har kakanta fasto ya sha dukanta a kan haka. Ni dai ba salon da zan yaba wa 'yata ba ne, kuma na san ya sa wasu sun daɗe ba su ɗauke ta da muhimmanci ba. Amma ya yi mata aiki biyu: ya sa ba a manta fuskarta, ya kuma sa 'yan kasuwa suna shiga ciniki da ita da raini, su fito sun sa hannu a kan sharuɗɗanta. Ita ke fara yi wa kanta ba'a kafin wani ya yi, shi ya sa zagi ba ya kama ta.

Ta ɗauki manaja daga Los Angeles, a 1977 ta nufi kasuwar waƙoƙin zamani da "Here You Come Again", wadda wasu ne suka rubuta, ta kuma ci mata Grammy ta farko, wato babbar kyautar mawaƙa ta Amurka. Masu ra'ayin riƙau a Nashville suka ce ta yi wa kantiri butulci, ita kuma ta ce tafiya take da shi inda bai taɓa zuwa ba. A 1980 ta fito a fim ɗin 9 to 5 tare da Jane Fonda da Lily Tomlin, kan ma'aikatan ofis mata da shugabansu ke zalunta, da sharaɗin ita za ta rubuta waƙar fim ɗin. Da farcen kantinta ta samo karin, tana goga su suna ƙara kamar keken rubutu. A 1983 ita da Kenny Rogers suka yi "Islands in the Stream", wadda na sa ta a rediyo har faifan ya fara tsalle. Duk da haka, a kunnena faya-fayanta na tsakiyar shekarun 1980 su ne mafi rauni, kiɗan inji ya danne labari. RCA ba ta sabunta yarjejeniya da ita ba, shirin talbijin da ta fara a 1987 ya mutu bayan zango ɗaya, ta kuma yi fama da rashin lafiya da baƙin ciki a farkon shekarun 1980. A shekarun 1990 gidajen rediyon kantiri suka juya wa tsofaffin mawaƙa baya. Abin da ta yi shi ne ta koma tushe, ta fitar da The Grass Is Blue a 1999 a wani ƙaramin kamfani, da kayan tsirkiya irin su goge da banjo, ya ci Grammy. Ta iya yin haka ne domin ba ta jiran kuɗin sabon faifai kafin ta ci abinci.

Inda dukiyar ta tafi shi ne ya mayar da ita abin ƙauna har ga waɗanda ba sa jin kantiri. A 1986 ta shiga haɗin gwiwa aka buɗe wurin shaƙatawa na Dollywood a Pigeon Forge, cikin gundumar da aka haife ta, ya zama mafi yawan ɗaukar ma'aikata a yankin. A 1995, saboda mahaifinta da bai yi karatu ba, ta kafa shirin aika wa yaro littafi guda kyauta kowane wata daga haihuwa zuwa shekara biyar. Ya bazu zuwa Kanada da Birtaniya da Ostareliya da Ailan, an raba littattafai sama da miliyan 200. Bayan gobarar dajin da ta ci yankinsu a 2016 asusunta ya riƙa ba iyalan da suka rasa gidaje dala 1,000 a wata har wata shida, a 2020 kuma ta ba asibitin Jami'ar Vanderbilt dala miliyan 1, wadda ta shiga binciken rigakafin korona na Moderna. Masu sukarta suna cewa shirun da take yi kan siyasa dabarar kasuwa ce don kada ta rasa kowane ɓangare, kuma sai a 2018 ta cire kalmar Dixie, mai tuna wa baƙaƙen fata zamanin bauta, daga sunan wani gidan wasanta. Ina ganin sukar tana da tushe.

Iyakar abin da zan iya ce miki

Ni mai gabatar da shiri ne, daga faifai da hirarraki na san matar, kuma galibin labaran da na kawo miki daga bakinta suka fito. Gwanar labari ce da ta shekara hamsin tana goge su. An daɗe ana yaɗa cewa rana ɗaya ta rubuta "Jolene" da waƙar sallamar, daga baya ita da kanta ta sassauta, ta ce a kaset ɗaya dai aka same su. Ki ɗauki ranaku da matsayin waƙoƙi a matsayin tabbas, ki ɗauki kukan dare da buhun masara a matsayin yadda mai labari ta zaɓi ta ba da shi.

Na biyu, a'ar da ta ce wa Kanar Parker ta yi riba ne domin tana ƙasar da ake bin kuɗin marubuci har ƙofar gidansa. A nan Najeriya muna da dokar haƙƙin mallaka ta 2022 da hukumar da ke kula da ita, amma tattaro kuɗin bai kai can ba, kuma al'adar situdiyo ita ce a biya ki sau ɗaya a wuce wurin. Na taɓa zama da wata yarinya mai hazaƙa da ta sayar wa wani furodusa waƙa a kan kuɗin da bai wuce na atamfa biyu ba, babu takarda, babu shaida; waƙar ta fito a fim da muryar wata, sunanta ko a ƙarshen fim bai fito ba, kuma da ta zo mini babu abin da na iya yi mata sai ban haƙuri. Saboda haka ba zan ce miki ki ƙi kowane tayi ba, domin mai haya da kuɗin makaranta a kansa ba ya jiran shekara goma sha takwas. Abin da zan ce shi ne ki bambanta tsakanin ba da izinin amfani da waƙa a fim guda da sayar da ita ɗungurungum, ki sa a rubuta wanne kuka yi, ki adana rubutunki da naɗin farko mai kwanan wata, ki nace sunanki ya fito a matsayin marubuciya ko da wata ce ta rera, kuma duk takardar da ta wuce shafi ɗaya ki kai wa lauya kafin ki sa hannu, don wannan ɓangaren ya fi ƙarfin ilimina.

Game da kaset shidan kuwa, ki zaro takardar da ke cikin kowanne ki buɗe ta, ki duba ƙananan sunayen da ke ƙarƙashin waƙoƙin. Idan akwai Coat of Many Colors na 1971 a ciki, da shi za ki fara: waƙa goma ce, bakwai nata, uku na Porter Wagoner.